Krystyna Janda: Tambayoyi da Amsoshi kan Shekara Hamsin na Jarumar Poland a Fim, Talabijin da Dandamali

Masu son sanin tarihin fina-finan Gabashin Turai kan ci karo da sunan Krystyna Janda tun kafin su yi nisa. Ga tambayoyin da aka fi yi a kanta, da kuma yadda mai kallo zai samu ayyukanta ya kalle su ba tare da ya sha wahala ba.

Wace ce Krystyna Janda?

'Yar wasan kwaikwayo ce ta ƙasar Poland. An haife ta ranar 18 ga Disamba, 1952, a garin Starachowice. Ta kammala babbar makarantar wasan kwaikwayo ta gwamnati da ke Warsaw a 1975, amma tun tana ɗaliba, a 1974, ta fito a talabijin cikin wasan marubucin Rasha Chekhov mai suna 'Yan'uwa Mata Uku, wanda malaminta Aleksander Bardini ya ba da umarni. Daga wannan shekara zuwa yau ba ta taɓa ajiye aikin ba. Ta yi fim, ta yi talabijin, ta yi waƙa, ta ba da umarni, ta rubuta littattafai, kuma tun 2005 take tafiyar da gidan wasan kwaikwayo nata na kanta.

Yaya ake furta sunanta da na abokan aikinta?

Harafin j a rubutun Poland y ne, saboda haka Yanda ake cewa. Harafin w kuma sautin v yake bayarwa, shi ya sa sunan darakta Wajda ke fita kamar Vaida. Harafin ł mai sanda a tsakiya shi ne w ɗinmu.

Wane irin horo ta samu, kuma me ya sa yake da muhimmanci?

A Poland ta zamanin kwaminisanci ba a shiga sana'ar wasa da kyan fuska ko sanin wani babba kawai. Akwai manyan makarantun gwamnati a Warsaw da Kraków da Łódź, ana shiga da jarrabawa mai tsanani, a yi shekara huɗu ana koyon sarrafa murya, furta baitoci, motsa jiki, rawa, waƙa da wasan takobi. Wanda ya fita da takardar shaida sai wani gidan wasan gwamnati ya ɗauke shi aiki da albashin wata. Gidan yana da jerin wasanni da yake juyawa, don haka ɗan wasa zai iya zama sarki ranar Talata, ya zama bara ranar Laraba, da safe kuma yana gwajin wani sabon wasan.

Janda ta yi wannan rayuwa a gidan wasa na Ateneum daga 1976 zuwa 1987, sannan ta koma Powszechny, inda ta zauna har 2004. A ganinmu nan asirin daɗewarta yake. Fim yakan zo ya wuce, gwamnati takan hana, kuɗi yakan ƙare, amma wanda ya saba tsayawa gaban 'yan kallo kusan kowane dare ba ya rasa abin yi, kuma kayan aikinsa, wato murya da numfashi da hadda, ba sa tsatsa.

Wane fim ne ya fito da ita?

Człowiek z marmuru, wato Mutumin Marmara, na Andrzej Wajda, wanda aka fara nunawa a watan Fabrairun 1977 tana da shekara 24. Ta fito a matsayin Agnieszka, ɗalibar koyon shirya fim da ta nace sai ta gano abin da ya faru da Mateusz Birkut, wani magini da gwamnati ta ɗaukaka a farkon shekarun 1950 lokacin gina birnin masana'antu na Nowa Huta. An shirya masa gasar jera bulo 30,000 a aiki ɗaya, aka sassaƙa mutum-mutuminsa da marmara, aka lilliƙa hotunansa a bango. Da ya fara faɗin gaskiya sai aka sauke hotunan, aka ɗaure shi, aka jefa mutum-mutumin a ma'ajiyar gidan tarihi. Jerzy Radziwiłowicz ne ya fito a matsayin Birkut.

Abin da ya girgiza masu kallo shi ne yadda Janda ta taka rawar. Wandon jins, sigari a hannu, taku mai faɗi kamar mai tseren jirgi, magana da sauri, ba ta zama wuri ɗaya, ba ta sunkuyar da kai ga shugabannin gidan talabijin. Mata a fina-finan Poland na lokacin sun fi fitowa a matsayin uwa mai haƙuri ko budurwa mai jiran masoyi. Wasu masu sharhi sun ce ta cika rawar kai, ta wuce gona da iri. Ba mu yarda da wannan ba. Fim ɗin ya fi awa biyu da rabi, rabinsa tone-tonen tsofaffin faifai ne da hira da mutanen da ba sa son magana, kuma gaggawar Agnieszka ce ke jan labarin gaba. Da an sanyaya ta, da fim ɗin ya kwanta.

An ce labarin ya daɗe a ajiye kafin a ɗauka. Yaya tace fim yake a Poland ta wancan lokaci?

Aleksander Ścibor-Rylski ya rubuta labarin tun farkon shekarun 1960, amma sai a 1976 ministan al'adu Józef Tejchma ya ba da izinin ɗauka. Dalilin jinkirin yana cikin tsarin kansa, domin gwamnati ce mai kuɗi, mai kyamara, mai faifai, mai gidajen sinima.

Matakan su ne kamar haka. Darakta yana cikin wata ƙungiyar shirya fim, ɗaya daga cikin ƙungiyoyin da aka fara kafawa a 1955, kowacce da shugaba wanda shi ma darakta ne. Wajda ya shugabanci wadda ake kira X daga 1972. Ƙungiya ta amince da labari, sai a miƙa shi ga sashen fina-finai na ma'aikatar al'adu. Idan an sa hannu, a ba da kuɗi da adadin faifan da za a ɗauka. An gama haɗawa, sai a kira zaman da suke ce wa kolaudacja, inda jami'an jam'iyya da na ma'aikata da wasu daraktoci da marubuta za su kalli fim su yi muhawara. Bayan haka ofishin tace rubuce-rubuce da wasanni, wanda ke titin Mysia a Warsaw, ya faɗi wuraren da za a yanke. Mataki na ƙarshe shi ne wanda mutane suka fi mantawa: adadin kwafi da gidajen sinimar da za a ba fim. Ana iya kashe fim ba tare da an hana shi ba, a buga kwafi kaɗan, a hana jaridu yabonsa.

Haka aka so yi wa Mutumin Marmara. An sake shi a gidajen sinima ƙalilan, aka yanke ɓangaren ƙarshe da ke nuna cewa Birkut ya mutu a harbin ma'aikatan gaɓar teku na Disamba 1970. Sai layukan masu sayen tikiti suka yi tsawo har dole aka ƙara wuraren nunawa, miliyoyin mutane suka kalla. A bikin fina-finan ƙasa na Gdańsk an hana shi kyauta, 'yan jarida suka ba Wajda bulo ɗaure da ƙyalle. A 1978 ya samu kyautar masu sharhi ta duniya a bikin fina-finai na Cannes da ke Faransa.

Sau nawa ta yi aiki da Wajda?

Bayan fim na farko ta fito a Bez znieczulenia na 1978, inda da ƙyar take furta kalma, sai Dyrygent na 1980 tare da ɗan wasan Ingila John Gielgud, inda ta zama mai goge a ƙungiyar kiɗa ta wani ƙaramin gari. Sannan Człowiek z żelaza, Mutumin Ƙarfe, a 1981. Wannan ci gaban labarin farko ne: Agnieszka ta auri ɗan Birkut, ma'aikaci a tashar ƙera jiragen ruwa ta Gdańsk, kuma daga ɗakin da aka tsare ta take ba wani ɗan jarida labari. An ɗauki fim ɗin cikin gaggawa bayan yajin aikin Agustan 1980 da ya haifi ƙungiyar ƙwadago ta Solidarność, har jagoranta Lech Wałęsa da kansa ya fito a ciki. Ya ci babbar kyautar Cannes ta 1981. Fim na ƙarshe da suka yi tare shi ne Tatarak na 2009, wanda za mu zo kansa.

Wane ne babban aikinta?

Mafi yawan masana za su ce Przesłuchanie, wato Tuhuma, na Ryszard Bugajski, kuma mun yarda da su.

Labarin yana faruwa a 1951, zamanin Stalin. Tonia mawaƙiya ce mai yawon nishaɗantar da sojoji da ma'aikata, ba ruwanta da siyasa. Bayan saɓani da mijinta, wasu maza biyu suka ja ta shan giya, ta farka a kurkukun 'yan sandan ciki. Abin da ake so ta sa hannu a takardar ƙarya da za a yi amfani da ita a kan wani hafsan soja da ta taɓa sani. Aka yi lallashi, aka yi duka, aka tsare ta a ɗakin da ake cika wa ruwa, aka yi kamar an harbe mutum a gabanta. Ta ƙi. Janusz Gajos da Adam Ferency ne jami'an da ke tuhumarta, darakta Agnieszka Holland kuma ta fito a matsayin 'yar kwaminis da aka ɗaure amma har lokacin tana kare jam'iyya.

Ƙarfin wasan Janda a nan shi ne ba ta mai da Tonia waliyyiya ba. Mace ce mai son raha da shagala, wadda da farko ba ta ma fahimci inda take ba. Taurin kanta ba daga aƙida ya fito ba, daga ƙin wulaƙanci ya fito, kuma mai kallo yana ganin yadda yake girma daga zaman tuhuma zuwa wani. A lura da muryarta: tana farawa da zaƙin mai waƙa, tana ƙarewa a dishe. A lura kuma da inda take sa dariya, domin a wurare da dama dariyar ce makaminta.

An kammala ɗauka daidai lokacin da Janar Wojciech Jaruzelski ya kafa dokar soja ranar 13 ga Disamba, 1981. A zaman kolaudacja na Afrilun 1982 aka hana fim ɗin fita. A 1983 aka rusa ƙungiyar X, Bugajski kuma ya yi ƙaura zuwa Kanada a 1985. Sai dai an riga an fitar da kwafi a kaset ɗin bidiyo, aka riƙa kwafa daga kaset zuwa kaset, ana kallo a ɓoye a gidaje da ɗakunan taro na coci. Kowane kwafi yana rage kyan hoto da sauti, har wasu suka kalle shi fuskoki sun dusashe. An nuna shi a bainar jama'a ranar 13 ga Disamba, 1989, shekara takwas cif bayan dokar soja. A 1990 Janda ta karɓi kyautar jarumar da ta fi kowa a Cannes, kan aikin da ta yi tun tana ƙasa da shekara 30.

Me ta yi a shekarun da aka kulle wannan fim?

Bayan dokar soja 'yan wasan Poland da yawa sun ƙaurace wa talabijin da rediyon gwamnati, har hukuma ta rusa ƙungiyarsu a ƙarshen 1982. Aiki ya yi ƙaranci. Janda ta riga ta samu ƙofa a waje: ta fito a Mephisto na darakta ɗan Hungary István Szabó, a matsayin matar jarumin da Klaus Maria Brandauer ya taka, kuma fim ɗin ya ci Oscar na fim ɗin harshen waje a 1982. Ta yi fim a Faransa tare da Lino Ventura, ta yi aiki a Jamus, inda Laputa na Helma Sanders-Brahms ya kawo mata kyauta a Montreal a 1986. Amma ba ta tare a waje ba kamar yadda wasu takwarorinta suka yi. A gida ta fito a fina-finan Piotr Szulkin masu hasashen gaba, da Kochankowie mojej mamy na Radosław Piwowarski, inda ta zama uwa mai son 'ya'yanta amma ta kasa riƙe gida.

A talabijin fa? Wasu suna ɗauka 'yar fim ce kawai.

Kuskure ne. Talabijin ɗin Poland yana da wani shiri da babu irinsa da yawa a duniya, Teatr Telewizji, wanda aka fara a 1953. Ana ɗaukar cikakken wasan dandamali, na Chekhov ko Shakespeare ko marubutan gida, a sake tsara shi don kyamara a ɗakin ɗaukar shiri, a nuna shi da daren Litinin. Lokacin da tashoshi biyu kacal ke ƙasar, wasa ɗaya yakan samu masu kallon da gidan wasa ba zai tara ba a shekaru. Janda ta fito a wasanni da dama na wannan shiri, daga baya ta ba da umarnin wasu. Aikin yana da wuya ta wata fuska: dole a riƙe doguwar magana irin ta dandamali, amma a rage motsi da ɗaga murya domin kyamara tana dab da fuska. Wanda ya kasa rage wa sai ya zama kamar mai ihu a kunnen mutum.

Ayyuka uku na talabijin sun cancanci a neme su. Na farko Modrzejewska, shiri mai kashi 7 na Jan Łomnicki daga ƙarshen shekarun 1980, inda ta fito a matsayin Helena Modrzejewska, babbar 'yar wasan Poland ta ƙarni na 19 wadda ta ƙaura Amurka a 1876, ta koyi Turanci, ta shahara da wasannin Shakespeare, ta rasu a California a 1909. Na biyu Parę osób, mały czas na Andrzej Barański, 2005, inda ta zama Jadwiga Stańczakowa, makauniya marubuciya, aminiyar mawallafi Miron Białoszewski. A nan duk gaggawar nan da aka san ta da ita ta kau, sai saurare da laluben hanya.

Na uku shi ne kashi na biyu na Dekalog, shirin Krzysztof Kieślowski mai kashi 10, kowanne ƙasa da awa ɗaya, wanda ya ginu a kan dokoki goma na Attaura. Dorota mai goge ce, mijinta yana kwance a asibiti da ciwon daji, ita kuma tana da cikin wani. Ta matsa wa tsohon likitan da ke maƙwabtaka da ita ya faɗa mata gaskiya: idan mijin zai rayu za ta zubar da cikin, idan zai mutu za ta bar shi. Likitan ya san duk abin da ya faɗa rai ne a kai. Aleksander Bardini, malamin nan na Janda, shi ne likitan, mijin Janda, Edward Kłosiński, kuma shi ya ɗauki hoton. Ga wanda bai taɓa ganin Janda ba, wannan sa'a guda ta isa ta nuna masa ko wace ce.

A farkon shekarun 2000 ta kuma yi shirin barkwanci Męskie-żeńskie tare da 'yarta Maria Seweryn, wadda ita ma 'yar wasa ce.

Bayan faɗuwar kwaminisanci a 1989, yaya ta ci gaba?

An soke ofishin tacewa a 1990, amma kuɗin gwamnati ya ja baya, fina-finan Amurka suka cika sinima, furodusoshi suka koma labaran 'yan daba da bindiga waɗanda maza ke jagoranta. Mace mai shekara 40 ba ta da gurbi sosai a irin wannan kasuwa. Janda ta ci kyauta a San Sebastián a 1992 da Zwolnieni z życia, ta ba da umarnin fim ɗinta na farko, Pestka, a 1995, amma abin da ya riƙe ta shi ne wasan mutum ɗaya a dandamali. Shirley Valentine, wanda ta fara a 1990, ta yi shi ɗaruruwan lokuta cikin shekaru masu yawa. Wasan mutum ɗaya ba ya cin kuɗi: 'yar wasa ɗaya, kayan ado kaɗan, ana iya loda shi a mota a zaga garuruwa. Sharaɗinsa ɗaya ne, a samu wadda za ta riƙe ɗaki cike da mutane kusan awa biyu ita kaɗai.

Yaya gidan wasanta yake samun kuɗi?

A 2004 ta kafa gidauniyar al'adu mai ɗauke da sunanta. A 2005 gidauniyar ta buɗe Teatr Polonia a tsohon gidan sinima da ke titin Marszałkowska, kusa da dandalin Konstytucji a Warsaw, sannan a 2010 ta buɗe Och-Teatr a wani tsohon sinima a titin Grójecka. Bambancinsu da gidajen gwamnati shi ne babu tabbataccen kaso daga baitulmali kuma babu tawagar 'yan wasa masu albashin wata. Ana ɗaukar ɗan wasa don wasa guda, a biya shi bisa yawan fitowarsa. Mafi yawan kuɗin daga tikiti yake, sai masu ɗaukar nauyi, sai tallafin da ake nema shekara-shekara, sai kason harajin da dokar Poland ta yarda mutum ya karkatar ga ƙungiyar amfanin jama'a, wanda a da kashi 1 ne cikin ɗari, yanzu 1.5.

Wannan tsari yana da rauninsa. Kujera da ba a sayar ba asara ce kai tsaye, saboda haka dole a cakuɗa wasannin barkwanci masu jan jama'a da masu nauyi, a kuma sa sanannun fuskoki. Masu suka sun ce hakan kasuwanci ne. Amsar ita ce kuɗin barkwancin ne ke ɗaukar nauyin wasanni irin su Danuta W. na 2012, kan rayuwar matar Wałęsa, da wasannin kyauta da ake yi a fili lokacin bazara. Bayan canjin gwamnati na 2015 tallafin ma'aikatar al'adu ya ja baya ƙwarai, gidan ya ƙara dogara ga 'yan kallo.

Me ya bambanta Tatarak da sauran?

Wajda ya so ya ɗauki gajeren labarin Jarosław Iwaszkiewicz kan Marta, matar likita a ƙaramin gari, wadda 'ya'yanta maza biyu suka mutu a boren Warsaw na 1944, kuma ita kanta tana ɗauke da cutar ajali ba ta sani ba. Ta shaƙu da wani saurayi, sai ruwa ya ci shi a gabanta. Ana cikin shiri sai ciwon mijin Janda, Edward Kłosiński, wanda shi ya ɗauki hoton Mutumin Marmara da Mutumin Ƙarfe, ya tsananta. Ya rasu ranar 5 ga Janairu, 2008. Daga baya ta rubuta abin da ta gani a watannin jinyarsa ta ba Wajda, shi kuma ya sa shi a cikin fim ɗin. Don haka fim ɗin hawa uku ne: labarin Marta, ma'aikatan fim suna ɗaukar labarin, da Janda ita kaɗai a ɗakin otal mai duhu tana magana kan mijinta, kyamara a kafe daga nesa. Mai kallon da bai san wannan ba yakan rikice ya ɗauka an haɗa fina-finai biyu bisa kuskure. Fim ɗin ya samu kyautar Alfred Bauer a Berlin a 2009.

Har yanzu tana samun manyan rawa a fim?

A 2019, tana da shekara 66, ta samu kyauta ta musamman kan iya wasa a bikin Sundance na Amurka saboda Słodki koniec dnia na Jacek Borcuch. Ta fito a matsayin marubuciya mai kyautar Nobel da ke zaune a Italiya, wadda ta yi wani jawabi bayan harin ta'addanci da ya jawo mata ƙiyayyar garin. Fim ɗin ya taɓo batun baƙin haure da tsoron da Turai ke yi musu.

Ana sukarta a Poland?

Ƙwarai. Ba ta ɓoye ra'ayinta na siyasa, ta soki gwamnatin jam'iyyar PiS mai ra'ayin riƙau a fili, kuma rubutun da ta yi a Facebook a 2016, inda ta tuna yajin aikin matan Iceland na 1975, yana cikin abubuwan da suka zaburar da zanga-zangar mata ta ranar 3 ga Oktoba kan dokar zubar da ciki. Masu ra'ayin riƙau da mabiya cocin Katolika da yawa ba su ji daɗi ba. A ƙarshen 2020 kuma ta sha suka mai zafi saboda tana cikin fitattun mutanen da aka yi wa rigakafin korona kafin layinsu ya zo. Mai karatu zai iya saɓa mata a waɗannan, ya kuma yaba aikinta.

Ita ce ta fi kowa daɗewa a cikin 'yan wasan Poland mata?

A'a. Danuta Szaflarska, wadda aka haifa a 1915, ta fito a Zakazane piosenki na 1947, fim na farko da aka saki a ƙasar bayan Yaƙin Duniya na Biyu, ta ja ragamar Pora umierać a 2007 tana sama da shekara 90, ta kuma ci gaba da hawa dandamali har bayan ta cika 100. Ta rasu a 2017. Teresa Lipowska tana cikin shiri mai dogon zango M jak miłość tun 2000. Duk su biyun sun yi shekaru masu yawa a dandamali.

Da wanne zan fara, kuma za a iya kallo da iyali?

A fara da kashi na biyu na Dekalog, sai Mutumin Marmara, sai Mutumin Ƙarfe, domin Mutumin Ƙarfe ba ya fahimtuwa sosai ba tare da Mutumin Marmara ba. Bayan haka Tuhuma, sannan Tatarak. Kafin fina-finan Wajda yana da kyau a riƙe shekaru huɗu a ka: 1953 mutuwar Stalin, 1956 sassaucin siyasa, 1970 harbin ma'aikata, 1980 yajin Gdańsk.

Ba fina-finan yara ba ne. Tuhuma yana da azabtarwa, tsiraici da yunƙurin kisan kai. Shan giya da sigari suna ko'ina. Fim ɗin Faransa Elles na 2011, wanda ta yi ƙaramar fitowa a ciki, yana da batsa a fili, kuma wanda ya tsallake shi bai rasa komai na aikinta ba.

A ina zan same su, kuma waɗanne matsaloli zan iya fuskanta?

A kasuwar duniya ana sayar da su da sunayen Turanci: Man of Marble (Mutumin Marmara), Man of Iron (Mutumin Ƙarfe), Interrogation (Tuhuma), Sweet Rush (Tatarak). Kamfanin Criterion ya fitar da Dekalog da aka gyara, Second Run na Ingila kuma ya fitar da Tuhuma da Mutumin Marmara. Shafin 35mm.online yana ɗauke da tsofaffin fina-finan Poland da aka sabunta, da yawa da fassarar Turanci a ƙasan allo. Wasannin Teatr Telewizji suna shafin TVP, gidan talabijin na gwamnatin Poland, sai dai galibi babu fassara, wasu kuma ba sa buɗewa daga wajen ƙasar saboda haƙƙin mallaka.

Matsala ta farko ita ce lektor. A Poland ba a cika sauya muryoyin fim ɗin waje ba, namiji ɗaya ne ke karanta fassarar kowa da murya ɗaya a kan sautin asali, kusan yadda wasu masu fassara fina-finan Indiya ke yi. Idan ka samu kwafin Poland na fim ɗin da ta yi da Jamusanci ko Faransanci, muryar wannan mutumin za ta danne tata. Nemi wanda aka rubuta napisy, ma'ana fassarar rubutu. Mephisto kuma yana da kwafin Jamusanci da na harshen Hungary, kuma da yake 'yan wasan daga ƙasashe daban-daban suke, an ɗora wa wasunsu muryoyin wasu, don haka kada a auna muryarta da shi.

Ta biyu ita ce fassara da ba ta tafiya daidai da magana. Idan tazarar iri ɗaya ce daga farko har ƙarshe, a manhajar VLC ta kwamfuta maɓallan G da H suna ja da rubutun baya ko gaba da kashi 50 cikin dubu na daƙiƙa a kowane dannawa. Idan kuwa tazarar tana ƙaruwa yayin da fim ke tafiya, saurin hoto ne ya bambanta: faifan Turai yana gudu da hoto 25 a daƙiƙa, na sinima 24, bambancin kusan kashi 4 cikin ɗari, wato wajen minti 5 a fim mai awa biyu. Dannawa ba ta gyara wannan. Sai a buɗe fayil ɗin fassarar a manhajar Subtitle Edit a sauya saurin daga 25 zuwa 24 ko 23.976, ko akasin haka, gwargwadon kwafin da ke hannu.

Ta uku, sunaye su fito da alamomi barkatai a maimakon ł da ś da ż. Tsohon fayil ne da aka adana da tsarin haruffa na Windows-1250. A sake adana shi da UTF-8, ko a zaɓi tsarin Gabashin Turai a saitin fassara na manhajar. A kuma guji kwafin Tuhuma mai dusasshen hoto da ke yawo a intanet, domin wasu daga tsofaffin kaset aka ciro su, alhali akwai wanda aka gyara daga faifan asali.